GATON MAGARYA: YADDA AKE GASA SHI A TUKUNYA, BA TARE DA YIS BA



Ɗari ya shigo, magarya ta nuna. Daga Bengu zuwa Tunuga, daga Tanda zuwa Yelu, yara suna tsinta, awaki suna cin wadda ta rage. In zafi ya zo kuma, mangwaro zai zube a garake har ya ruɓe. Allah ya ba ƙasar Gaya ruwan sama fiye da ko'ina a Nijar, wajen milimita 800 a shekara, ya kuma ba mu itatuwa. Amma abin da ya ruɓe a gindin itace bai shiga ciki ba, bai shiga aljihu ba.

Ga kuma zancen fulawa, wato garin alkamar da ake burodi da gato da shi. Alkamar da ake nomawa a Ƙonni da garakan Abzin ba ta da yawa. Mafi yawan fulawar da muke ci daga waje take zuwa. A shekarar 2022 yaƙin Rasha da Yukiren ya sa alkama ta yi tsada a duniya. A 2023 kuma aka rufe gadar Gaya da Malanbil, kayan da ke zuwa daga Kwatano suka tsaya. Kowa ya ji a jikinsa. Hausawa sun ce guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.

Don haka yau za mu bayyana yadda ake gasa gato mai ƴaƴan itace a gida, da fulawa kaɗan, cikin tukunyar da ake tuwo. Ƴar'uwa, da ke muke magana. Maigida, kai ma ka karanta, ka karanta wa wadda ba ta shiga aji ba tukuna.

SU DA CERI, MU DA MAGARYA

A ƙasashen Turai da Amurka mata suna gasa irin wannan gato da wani ɗan itace ja mai suna ceri. Girmansa kamar na magarya ne, yana da ƙwallo ɗaya a tsakiya, yana da zaƙi da ɗan tsami. Itacensa ba ya haihuwa sosai sai ya sha sanyi mai tsanani, shi ya sa ba a noma shi a nan. Turkiyya ce ta fi kowace ƙasa noma shi.

Ba sai mun nemo shi ba. Magarya ma zaƙi gare ta da ɗan tsami, kuma ba a ba ta ruwa. Tun kaka da kakanni ana daka busasshiyar magarya ana yin akkuri da garinta. Akwai kuma magarya mai aure, mai manyan ƴaƴa, wadda ake kira tuffar Sahel. Irinta daga Indiya ya fito, masu binciken noma na ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai suka yaɗa ta. Duka biyu suna yi.

ME KE SA ƘULLU YA TASHI?

Ki fahimci wannan tukuna, don shi ne gindin aikin.

Abin da ke kumbura burodi iska ce da ke taruwa a cikin ƙullu. Mai burodi yana sa yis, ya jira sa'o'i kafin iskar ta taru. Akwai hanyar da ba a jira. Kin ga yadda miyar yakuwa ke kumfa in kin zuba mata ruwan kanwa? To, duk inda tsami ya gamu da kanwa sai iska ta fita. In wannan gamuwa ta faru a cikin ƙullu, iskar za ta maƙale a ciki, wuta ta gasa ƙullun yana kumbure.

Hodar gato da ake sayarwa a kanti ita ma haka take aiki. A cikinta akwai ɗan'uwan kanwa da wani gari mai tsami, a bushe. Suna jin ruwa sai su soma aiki. A bakin iyaka, wajen Kamba, ana ce mata bakar hoda. A jikin takardarta za ki ga an rubuta "levure chimique" da Faransanci. Wani mai haɗa magunguna a Ingila, Alfred Bird, ya haɗa ta a 1843, saboda matarsa ba ta iya cin abin da aka sa wa yis.

Daga nan ki riƙe abu biyu:
1. Iskar tana soma fita da zarar ruwa ya taɓa gari. Saboda haka wuta za ta jira ƙullu, ba ƙullu zai jira wuta ba.
2. Ba a buga wannan ƙullu kamar na fanke. Yawan bugu yana fitar da iska, ya tayar da danƙon fulawa, gato ya fito da tauri.

YADDA AKE GARIN MAGARYA

Ki zaɓi magaryar da ta nuna, ki fitar da mai tsutsa da mai fumfuna. Ki shanya ta a tabarma, nesa da dabbobi, har ta bushe ƙamas. Ki daka a hankali don kada ƙwallon ya fashe. Ki tankaɗe sau biyu. Ki kula ƙwarai: gutsuren ƙwallo yana karya haƙori, yana shaƙe ƙaramin yaro.

KAYAN HAƊI

Ma'auninmu ƙaramin gwangwanin madarar ruwa ne, a shafe bakinsa daidai.

Fulawa: gwangwani 4
Garin magarya: gwangwani 1
Garin dawa ko na masara mai laushi: gwangwani 1
Sukari: gwangwani 1, ko mazarƙwaila dakakkiya
Man gyaɗa: gwangwani 1
Nono mai tsami: gwangwani 3
Ƙwan kaza 2, ko na zabi 3
Hodar gato: ƙaramar takarda 1, mai giram 10 ko 11
Gishiri: rabin ƙaramin cokali
Ƴaƴan itace yankakku: gwangwani 2

Garin nan uku in an haɗa su sun kai wajen rabin kilo. Kin ga cikin gwangwani 6, biyu daga gonarki da dajinku suka fito. Kada ki rage fulawa fiye da haka a gwajin farko. Dawa da masara da magarya ba su da danƙon da ke riƙe iska. In sun rinjayi fulawa, gato zai yi nauyi ya riƙa marmashewa.

Ƴaƴan itacen da za ki yanka su ne abin da lokaci ya kawo: tuffar Sahel da ɗari, mangwaro da zafi, ayaba ko dabino kowane lokaci. Ki yanka ƙanana kamar ƙwayar gyaɗa, ki tsane ruwansu da tsumma mai tsabta, ki barbaɗe su da fulawa kaɗan. Fulawar ce za ta taimaka kada su nutse ƙasa.

IN BABU HODA FA?

Sai ki yi da kanwa. Ki jiƙa gutsuren farar kanwa ko ungurnu, kamar girman dabino ɗaya, cikin rabin gwangwanin ruwa. In ta narke ki bari yashin ya kwanta, ki tsiyaye ruwan sama. Ki gwada ɗigonsa cikin cokalin nono. In ya yi kumfa, yana da ƙarfi. Wannan ruwa shi za ki zuba daga ƙarshe, bayan kin haɗa komai, kuma ki rage nono kaɗan.

Kanwa ba ƙarfinta ɗaya ba, don haka ki fara da rabin kayan haɗi ki gani. In ta yi yawa, gato zai yi duhu, ya yi bauri kamar sabulu. Ga lafiya ma yawanta ba shi da kyau. Tun shekarun 1970 likitoci a Zariya suka lura yawan shan kunun kanwa yana cikin abubuwan da ke jawo wa masu jego ciwon zuciya. Kaɗan ake sawa.

TUKUNYA CE GIDAN BURODINKI

Ki sami babbar tukunya mai murfi. Ki zuba yashin gulbi wankakke, busasshe, tsayin yatsu uku a kwance. Ki rufe, ki ɗora a garwashi minti 15. Yashin ne ke hana gindin gato ƙonewa.

Ga yadda za ki gane zafi ya yi daidai. Ki barbaɗa fulawa kaɗan a murfin gwangwani, ki sa a tukunya ki rufe. In ta yi baƙi nan da nan, wuta ta yi yawa, ki janye garwashi. In minti 5 ya wuce tana nan fara, ki ƙara. In ta yi ja-ja kamar soyayyar gyaɗa, to, ya yi.

Abin zuba ƙullu kuwa, ƙananan kwanoni ko kofunan ƙarfe sun fi. In gwangwani za ki sa, ki zaɓi na abinci, marar tsatsa, wanda ba a shafa wa cikinsa fenti ba. Gwangwanin da ya taɓa ɗaukar maganin ƙwari ko na feshi kada ya kusanci abinci, ko an wanke shi sau goma.

HAƊAWA DA GASHI

1. Ki wanke hannu da sabulu. Ki shafa wa kwanoni mai, ki barbaɗa fulawa.
2. A ƙwarya ɗaya ki tankaɗe garin nan uku tare da hoda da gishiri.
3. A wata ƙwarya ki kaɗa ƙwai da sukari, ki zuba mai da nono. Ki fasa kowane ƙwai daban tukuna, kada ɗungu ɗaya ya ɓata miki kaya.
4. Ki duba tukunya. In ta yi zafi, sai ki juye ruwan cikin garin. Ki juya da muciya sau 15 ko 20, har busasshen gari ya ɓace. Ƴan gudaji ba laifi ba ne.
5. Ki zuba ƴaƴan itace, ki juya sau uku.
6. Ki zuba ƙullu rabin kwano ko sama kaɗan. Kada ki cika, don zai tashi.
7. Ki jera a kan yashi, kada su taɓa jikin tukunya. Ki rufe, ki zuba garwashi kaɗan a kan murfi.

Ƙanana suna ɗaukar minti 20 zuwa 25. In babba guda kika yi, sai wajen sa'a ɗaya. Kada ki buɗe kafin minti 15, don iska mai sanyi tana sa tsakiyarsa ta lotsa. Ki soka tsinke mai tsabta a tsakiya. In ya fito ba ƙullu, ya nuna. In tukunyarki ba za ta ɗauke su duka ba, ki raba kayan biyu tun a bushe, ki kwaɓa na biyu bayan na farko ya sauka.

AJIYA DA SAYARWA

Ki bari ya huce kafin ki rufe. In kika ƙulle shi da zafi cikin leda zai yi gumi, fumfuna ta kama shi. Mai ɗanyen ɗan itace a ci shi cikin kwana biyu, musamman da zafi. Wanda ya yi fumfuna a zubar. Ki sani kuma, ɗanyar magarya tana da bitamin C da yawa, amma shanya da wuta suna rage shi. Don haka yara su ci gato, su ci gaba da cin ɗanyar ma.

Wannan awo yana ba da ƙanana 15 ko 16, in kwanonin sun kai girman gwangwanin madara. In za ki sayar, ga inda karatunki zai yi miki rana. Ki ɗauki littafinki, ki rubuta kuɗin kowane abu, har da gawayi, har da ƙwan kajinki da ba ki saya ba. Ki tara, ki raba gida 15. Abin da ya fito shi ne uwar kuɗin guda ɗaya. A kansa za ki ɗora riba. Wadda ba ta rubuta ba, sai ta yi ciniki wata guda tana cin uwar kuɗi tana zaton riba ce.

Maigida, ga naka aikin. In kana sharar gona, kada ka sare ƴar magaryar da ta tsiro da kanta. Ka rage mata rassa, ka bar ta. In kana so a aura mata irin mai manyan ƴaƴa, ka nemi malamin gona ko ma'aikacin gandun daji na garinku.

Ƴar'uwa, magarya ba ta daɗewa a kan itace. Ki tara yanzu, ki shanya, ki ajiye a tulu mai murfi, ki riƙa dakawa kaɗan-kaɗan. In gwajin farko bai tashi ba, ki sake karanta wannan takarda, ki duba ko bugu ya yi yawa, ko ƙullu ya jira wuta. Wadda nata ya yi kyau ta koya wa maƙwabciyarta.

Allah ya sa albarka, ya kai mu damina lafiya.