Kujera ɗaya, ƙananan hukumomi uku: mazaɓar da Yankara take ciki

Mutumin Yankara, garin da ke bakin hanyar Funtuwa zuwa Gusau dab da iyakar Zamfara, ƙuri'arsa ta ɗan majalisar wakilai tana haɗuwa ne da ta mutanen Ƙanƙara da Sabuwa. Ƙananan hukumomin uku, har da Faskari inda Yankara take, su ne mazaɓar tarayya ɗaya cikin 15 da jihar Katsina ke da su, a majalisa mai kujeru 360 da ke Abuja.

Kafin 1987 duk yankin yana cikin tsohuwar jihar Kaduna. Tun da aka dawo mulkin farar hula a 1999 kuwa, haɗin ƙananan hukumomin uku bai canja ba.

Takarar 2023 ta yi zafi. An fara bayyana Jamilu Mohammed na PDP a matsayin wanda ya ci, kotu ta ce a sake zaɓe a wasu rumfuna, sai a Fabrairun 2024 kujerar ta koma hannun Ɗalhatu Shehu Tafoki na APC, tsohon mataimakin kakakin majalisar dokokin jihar.

Amma kowa ya hau, tambayar farko da jama'a za su tare shi da ita ta tsaro ce. A Ƙanƙara aka sace ɗalibai fiye da 300 na makarantar sakandaren kimiyya a Disamban 2020, kuma manoman masara da dawa na ƙauyukan Faskari da Sabuwa sun daɗe suna fama da 'yan bindigar daji. Ɗan majalisa ba shi da soja ko ɗan sanda. Abin da ke hannunsa shi ne gabatar da ƙuduri, da sa baki a kasafin kuɗi, da matsa wa hukumomin tsaro lamba.