Kifin da ya rayu ba tare da muƙamuƙi ba

Masana kimiyya sun ce kimanin shekaru miliyan 400 da suka wuce, an yi wani jinsin kifi maras muƙamuƙi da ake kira Osteostraci.

Wani faffaɗan ƙashi mai kama da sulke ne ya rufe kansa. Idanunsa suna sama, bakinsa kuma yana ƙasa, abin da ke nuna cewa a ƙasan ruwa yake kiwo.

A shekarar 1927, masani ɗan ƙasar Suwidin, Erik Stensiö, ya gano fasalin ƙwaƙwalwar kifin daga ƙasusuwan da aka haƙo a tsibirin Spitsbergen.

Jinsin ya ɓace tun tuni, amma masana na ganin cewa a cikin kifaye marasa muƙamuƙi, shi ne mafi kusancin dangantaka da dabbobi masu muƙamuƙi.