Tuna Baya: Yadda Ƙungiyar Ƙwallon Jalingo Ta Hau, Ta Kuma Sauko

Daga Wakilinmu na Arewa, Jalingo

Cikin watan Nuwamba na shekarar 2015 aka rufe gasar ƙwallon ƙafa ta manyan ƙungiyoyin Nijeriya. Enyimba ta Aba ita ta ɗauki kofi, karo na bakwai ke nan, Warri Wolves ta zo ta biyu, Nasarawa United ta Lafiya ta zo ta uku. Can ƙasan jeri kuwa ƙungiyoyi huɗu aka sallama zuwa rukuni na biyu, watau Sharks ta Fatakwal, da Kwara United ta Ilori, da Bayelsa United, da kuma FC Taraba ta nan Jalingo.

Wanda ya dubi jerin maki kawai zai ce ai ba wani labari, wanda aka fi ƙarfi shi aka kayar. To, amma masu iya magana sun ce ruwa ba ya tsami banza. 'Yan'uwa mazauna Ikko da Badun da Fatakwal da Anaca, waɗanda suka san ɗacin a yi aiki wata ya ƙare ba a ga lada ba, su za su fi kowa gane abin da ya sami wannan ƙungiya a wannan shekara.

Hawan tudu

Ran 27 ga watan Agusta 1991 aka ɓalle Jihar Taraba daga tsohuwar Jihar Gongola, aka mai da Jalingo, mazaunin Sarkin Muri, hedkwatarta. A lokacin sauran garuruwan Arewa sun riga sun yi suna a fagen tamaula. Mighty Jets ta Jos ita ta fara cin gasar ƙasa baki ɗaya a 1972, Raccah Rovers ta Kano ta ci a 1978, BCC Lions ta Gboko kuwa har kofin Afirka ta kawo gida a 1990. Jalingo kuwa sai dai ta saurara a rediyo.

Sai a 2013 FC Taraba, wadda Gwamnatin Jiha ke ɗauke da nauyinta, ta yi nasarar fitowa daga rukuni na biyu. Tare da ita aka haura da Giwa FC ta Jos, da Abia Warriors ta Umuahiya, da Crown ta Ogbomosho. Ga shi kuwa akwai fili na zamani a garin, wanda aka sa wa sunan tsohon Gwamna Jolly Nyame.

Shekarar farko, watau 2014, baƙin sun ba maraɗa kunya. Ƙungiyoyi 20 ne a gasar, kowace za ta yi wasa 38, rabi a gida rabi a waje. Wadda ta ci wasa maki uku gare ta, kunnen doki maki ɗaya, huɗun ƙarshe kuma a sauko da su. Da aka tashi, Kano Pillars ce ta riƙe kofi karo na uku a jere, Mfon Udoh na Enyimba ya zura ƙwallo 23, Gombe United da Kaduna United, tsofaffin hannu, suka faɗo tare da Crown da Nembe City. Taraba ta tsira. Mutanen Jalingo suka ga Pillars da Enyimba da Rangers ta Inugu ido da ido a filin garinsu, abin da dā sai an yi doguwar tafiya.

Uban gida uku cikin shekara biyu

Amma fa tun a wannan lokaci akwai rina a kaba. Ƙungiyar da Gwamnati ke ciyarwa, lafiyarta na rataye ne da lafiyar Gidan Gwamnati, shi kuwa Gidan Gwamnatin Jalingo bai sami zama wuri ɗaya ba a waɗannan shekaru.

Cikin watan Oktoba 2012 ƙaramin jirgin saman da Gwamna Ɗanbaba Suntai ke tuƙawa da kansa ya faɗi kusa da Yola, ya ji mummunan rauni, aka fita da shi ƙasar waje. Alhaji Garba Umar ya zama muƙaddashin Gwamna, a zamaninsa ƙungiyar ta hau. Cikin watan Nuwamba 2014 Kotun Ƙoli ta mai da Alhaji Sani Abubakar Ɗanladi kan kujerarsa ta Mataimakin Gwamna, riƙo ya koma hannunsa. Ran 29 ga watan Mayu 2015, ana tsakiyar gasa, aka rantsar da Darius Ishaku. Ko shi ma bai huta ba, domin a watan Nuwamba, watan da ƙungiyar ta faɗo, kotun sauraron ƙarar zaɓe ta ba Hajiya A'isha Jummai Alhasan nasara. Sai da aka je Kotun Ɗaukaka Ƙara, sa'an nan Kotun Ƙoli cikin Fabrairu 2016, kafin kujerar ta tabbata gare shi.

Mutum uku ke nan suka riƙe akalar Jiha tsakanin hawan ƙungiyar da saukowarta. Duk wanda ya taɓa bin fayil a ofis ya san abin da sauyin shugaba ke jawowa: takardar da wancan ya sa wa hannu sai wannan ya sake dubawa, bashin da aka gada kuwa shi ake bari ƙarshe.

Daɗin daɗawa sai ga faɗuwar farashin man fetur. Gangar da ake sayarwa fiye da dala 100 a tsakiyar 2014 ta koma ƙasa da dala 40 kafin ƙarshen 2015. Kason da jihohi ke karɓa daga Abuja ya tsuke, jihohi da yawa suka kasa biyan malaman makaranta da ma'aikatan asibiti, har sai da Gwamnatin Tarayya ta shirya musu rancen ceto cikin wannan shekara. In malami na jiran albashi, ina ɗan ƙwallo zai sa kansa?

Hanya ma abokiyar karawa ce

Akwai kuma wahalar da ba ta fitowa a jerin maki, ita ce ta hanya. Cikin ƙungiyoyi 20 na shekarar 2015, guda 12 a Kudu suke, kuma babu ko ɗaya a Ikko. Saboda haka ɗan Taraba mazaunin Agege ko Idi Araba, in yana son ganin 'yan garinsu, sai ya hau mota zuwa Badun ranar da za su kara da Shooting Stars.

Su kuwa 'yan wasan, duk wasan Kudu sai sun bi hanyar da manyan motocin doya da na shanu ke bi: daga Jalingo zuwa Mutum Biyu, zuwa Wukari, a ratsa ƙasar Tibi ta Zaki Biyam da Katsina-Ala, kafin a doshi Inugu ko Aba ko Fatakwal. Masu karatu da ke zuwa gida da Sallah sun san wannan hanya, sun kuma san yadda ƙafa ke kumbura in an wuni an kwana a mota. To, a haka ake son mutum ya sauko, ya ɗaura takalmi, ya yi gudun minti 90 gaban 'yan kallon da ba nasa ba. Ga man mota, ga masauki, ga abincin mutum kusan talatin, duka daga aljihun da ya riga ya bushe.

Hanyar ma ba ta da tabbas. Cikin watan Maris na wannan shekara 'yan fashi suka buɗe wa motar Kano Pillars wuta tsakanin Abuja da Lakwaja, tana kan hanyar Owerri, 'yan wasa biyar suka ji rauni. El-Kanemi Warriors kuwa rikicin Boko Haram ya hana ta wasa a Maiduguri, ta koma zaman aro a wasu garuruwa. Ita kanta Pillars, wadda ta shekara 12 ba a ci ta a gida ba, Nasarawa United ta zo har Kano ta doke ta 2 da 1 cikin watan Agusta. Lalle shekara ce mai nauyi ga ƙwallon Arewa.

A gasar Nijeriya, musamman a wancan zamani, cin wasa a waje abu ne mai wuya ƙwarai, don haka kowace ƙungiya da makin gida take rayuwa. In aka riƙe ka kunnen doki a gidanka sau biyu sau uku, ka yi asarar makin da ba ka da inda za ka rama. Shi kuwa riƙe gida yana son ƙarfi da natsuwa, mai yunwa kuma ba shi da ko ɗaya. Ɗan wasan da mai gidan haya ke jira a ƙofa, matarsa na bugo waya daga ƙauye, ba ya shiga tsakanin ƙafafu da zuciya ɗaya, domin ya san in ya karye babu mai ɗaukarsa.

Kwana a ƙofar Gidan Gwamnati

Bayan an rufe gasa, sai abin da ke ɓoye ya fito fili. A ƙarshen shekarar 2015 'yan wasan FC Taraba suka taru a ƙofar Gidan Gwamnati a Jalingo, suka shimfiɗa, suka kwana a waje cikin sanyin hunturu, suna neman albashinsu na kusan shekara guda. Hotunansu suka bazu a jaridu da intanet, har ƙasashen waje aka ji labari. Samarin da aka yi wa tafi a fili shekara ɗaya baya, ga su kwance a bakin titi.

Da yawa cikin masu buga ƙwallo a Nijeriya baƙi ne a garin da suke wasa, sun baro iyaye da iyali sun zo neman abinci, daidai da mai gadi a Apapa ko mai sayar da albasa a Mile 12. Bambancin kawai, sana'ar ɗan ƙwallo gajeriya ce. In ya yi sa'a ya shekara goma sha yana bugawa, sai gwiwa ta ce ta gaji. Albashin shekara guda a wurinsa babban yanki ne na abin da zai samu duk tsawon rayuwarsa.

Ina mafita?

Wasu za su ce a ƙwace ƙungiyoyi daga hannun Gwamnati a ba attajirai. To, wannan ma an gwada. Leventis United da Abiola Babes sun yi tashe, amma kafin 1990 duk masu su sun rufe su. Giwa FC, wadda ta hau tare da Taraba, ta mutum ɗaya ce, a 2016 aka kore ta daga gasar. Ita kuwa Sharks, Gwamnatin Jihar Ribas ta haɗe ta da Dolphins a 2016 aka sami Rivers United, sunanta ya ɓace. Ashe dai duk ƙungiyar da ta dogara ga aljihu ɗaya, ranar da aljihun ya huje ranar za ta kwanta.

Abin da zai fisshe mu shi ne ƙungiya ta sami ƙafafu da yawa: kuɗin ƙofa da ake ƙirgawa a gaban jama'a, da tallan kamfanoni, da gudummawar 'yan kasuwar gari, da renon yara 'yan ƙasa waɗanda za a sayar wa manyan ƙungiyoyi a sami riba. Ita kuma hukumar gasa kada ta bar kowa ya shiga fili sai ya nuna inda albashin shekara zai fito. Su ma ƙungiyoyin 'yan Arewa mazauna Kudu, masu tara kuɗi don gina masallaci ko kai gawa gida, suna da bakin magana a nan, in sun tashi tambayar yadda ake tafiyar da ƙungiyar jiharsu.

FC Taraba ta shafe shekaru bayan 2015 ba ta sake leƙa rukuni na ɗaya ba, alhali yara masu ƙafa na nan birjik daga Jalingo har Wukari da Takum da Gembu. Ranar da za a sake hawa, a fara da biyan wanda zai yi gumin. Allah ya ba mai haƙƙi haƙƙinsa, amin.