Dutsen Tarmit: Garkuwar Makiyaya a Bakin Tenere

Daga Gure in aka nufi arewa maso gabas, aka wuce Tasker, ƙasa takan koma rairayi zalla. Can ne Dutsen Tarmit yake tsaye, baƙi ƙirin, tsayinsa ya kai kamar mita 700, yana iyaka da tuddan yashi na Tin Tumma. Da yana cikin gundumar Gure, kafin a ba Tasker tata gunduma a shekara ta 2011.

Ga Tubawa makiyayan raƙuma, da Larabawa da Buzaye maƙwabtansu, wannan dutse rumbu ne. Ruwan sama kaɗan ne a nan, amma in ya sauka bisa duwatsu sai ya gangaro cikin kwazazzabai ya nutse. Shi ya sa itatuwa da ciyawa sukan daɗe a nan bayan ko'ina ya bushe, rijiyoyi irin ta Tarmit Kawbul kuma suna shayar da garke da matafiya. Da dutsen ne ayari yake gane hanya, har da ayarin matan Tubawa mai zuwa Kawar sayen dabino.

Zaman mutane a wurin ba na jiya ba ne. Masu binciken tarihi sun tarar da zane-zanen dabbobi jikin duwatsu, da alamun narkar da tama tun kafin haihuwar Annabi Isa.

Namun daji ma nan suka fake: ragon dutse, da mena wadda ƙungiyar ƙwallon ƙasa ta ɗauki sunanta, da farar barewar hamada mai murɗaɗɗen ƙaho da ake kira adaks. Domin su ne gwamnati ta kafa gandun Tarmit da Tin Tumma a 2012, mai faɗin murabba'in kilomita wajen 97,000.

Amma doka kaɗai ba ta isa ba. Aikin man fetur na Agadem ya buɗe hanyoyin mota, farauta da bindiga ta yawaita. A binciken 2016, adaks 3 kawai aka gani. A 2019 kuma aka sake shata iyakar gandun saboda filayen mai.

Makiyaya ne suka san kowace rijiya da kowane sawu. In aka sa su gaba wajen tsaro, da dabbar gida da ta daji duka za su ci moriyar dutsen. In aka bar shi ya lalace, su ne farkon waɗanda za su rasa.