BABI NA UKU: HANYOYIN MALLAKAR FASFO A NIJERIYA

3.0 Gabatarwa

A babin da ya gabata an yi bayani a kan tafiye-tafiyen Hausawa na fatauci da neman ilmi da aikin Hajji, tun zamanin da matafiyi ba ya buƙatar komai illa guzuri da madugu. A wannan babi kuwa za a dubi takardar da ta zama tilas ga matafiyin yau, wato fasfo. Za a yi ƙoƙarin fayyace hukumar da ke bayar da shi, da takardun da ake nema a hannun mai buƙata, da wuraren da ake zuwa, da kuma kuɗin da ake biya. An fi mayar da hankali a kan wanda ke nema daga cikin gida Nijeriya.

3.1 Matsayin Fasfo da Hukumar da ke Bayar da Shi

Kalmar fasfo ararriya ce daga Ingilishi. Tana nufin ɗan littafin da gwamnati ke bai wa ɗan ƙasarta domin ya shaida ko shi wane ne, da kuma ƙasar da ya fito, a duk lokacin da zai ƙetare iyaka. A Nijeriya akwai iri uku da aka fi sani: mai koren bango na kowa da kowa, mai shuɗin bango na jami'an gwamnati da ke tafiyar aiki, sai mai jan bango na jami'an diflomasiyya. Wannan babi ya taƙaita ne a kan mai koren bango.

Hukumar Shige da Fice ta Ƙasa ce ke da alhakin bayar da fasfo, kuma tana ƙarƙashin Ma'aikatar Harkokin Cikin Gida. Asalinta wani sashe ne na rundunar 'yan sanda, wanda aka ware a shekarar 1958, sa'annan aka kafa shi da dokar majalisa a 1963. A 1998 aka fara fasfon da na'ura ke iya karantawa, a 2007 aka koma ga mai ɗauke da ƙwayar lantarki da ke adana hoton fuska da na yatsu. A watan Janairun 2019 ne Shugaba Muhammadu Buhari ya ƙaddamar da ingantaccen fasfon da ya zo da wa'adin shekara 10.

Ya kamata a fahimci cewa mallakar fasfo ba alfarma ba ce. Sashe na 41 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowane ɗan ƙasa 'yancin zirga-zirga, ya kuma hana a tare masa hanyar shiga ƙasa ko fita daga cikinta. An gwada irin wannan 'yanci a gaban shari'a lokacin da jami'an tsaron farin kaya suka ƙwace fasfon lauyan nan Olisa Agbakoba a filin jirgin saman Legas a 1992, yana kan hanyarsa ta zuwa taro a birnin Hague. Shari'ar ta kai har Kotun Ƙoli, wadda a 1999 ta tabbatar da cewa jami'an ba su da hurumin yin abin da suka yi. Duk da haka littafin kansa mallakar Gwamnatin Tarayya ne, kuma laifi ne mutum ya riƙe fasfon Nijeriya mai aiki fiye da ɗaya ba bisa izni ba.

3.2 Takardun da Ake Buƙata

Idan aka duba da kyau, za a ga takardun da ake nema suna amsa tambayoyi uku ne kacal: wane ne mai nema, yaushe aka haife shi, kuma shin ɗan ƙasa ne?

Tambaya ta farko, lambar shaidar ɗan ƙasa ce ke amsa ta, wadda aka fi sani da NIN, mai ɗauke da alƙaluma 11. Wata hukuma ce dabam ke bayar da ita, wato Hukumar Katin Shaidar Ɗan Ƙasa da aka kafa da dokar 2007. Ba a fara cika fom ɗin fasfo sai da wannan lamba, domin daga rumbunta ake ɗauko suna da ranar haihuwa. Tambaya ta biyu kuwa takardar shaidar haihuwa ce ke amsa ta, wadda Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa ke bayarwa bisa ga dokar rajistar haihuwa da mutuwa ta 1992. Waɗanda aka haifa kafin wannan doka sukan kawo takardar rantsuwar shekaru daga kotu. Ta uku ita ce takardar shaidar asali daga ƙaramar hukuma. Dalilin neman ta shi ne, a tsarin mulkin Nijeriya haihuwa a cikin ƙasa kaɗai ba ta sa mutum ya zama ɗan ƙasa, sai an dubi iyaye ko kakanni. Wannan takarda takan zama ƙalubale ga wanda aka haifa a Sabon Garin Kano, ko Bahaushen da kakanninsa suka zauna a Sabo ta Ibadan, domin sau da yawa akan tura shi ƙaramar hukumar da bai taɓa kwana a cikinta ba.

Bayan waɗannan akwai hoto mai farin bayan fage, wanda ya dace da ƙa'idar hukumar jiragen sama ta duniya. Ga yaro ƙarami, sai an haɗa da takardar amincewar iyaye. Wanda fasfonsa ya ɓata sai ya kawo rahoton 'yan sanda da takardar rantsuwa. Mai sabuntawa kuma yakan gabatar da tsohon littafinsa. A tsarin da aka yi aiki da shi kafin 2024 akwai fom ɗin mai tsayawa, wato wani mai fasfo da zai sa hannu a kan cewa ya san mai nema.

Akwai kuma sharaɗin da shari'a ta rushe. A da akan nemi matar aure ta kawo takardar iznin mijinta kafin a yi mata fasfo. Dokta Priye Iyalla-Amadi ta ƙalubalanci wannan, kuma a 2009 Babbar Kotun Tarayya da ke Fatakwal ta yanke hukuncin cewa sharaɗin ya saɓa wa tsarin mulki, tunda ba a neman irinsa a wurin namiji. Batun muharrami a tafiyar Hajji magana ce dabam, ba ta shafi samun fasfo ba.

3.2.1 Matsalar Saɓanin Suna da Shekaru

A ganin mai wannan nazari, nan ne gizo ke saƙar ga Bahaushe, fiye da duk wani sharaɗi. Na'ura ba ta san cewa Muhammadu da Muhammad da Mohammed suna ɗaya ba ne. Haka nan Usman da Usmanu da Uthman, ko A'isha da Aishatu. Daɗin daɗawa, Bahaushe ba shi da al'adar sunan dangi irin na Turawa. Wani yakan sa sunan mahaifinsa, wani na kakansa, wani na garinsu, wani kuma laƙabin da ya fi shahara da shi.

Alal misali, a ɗauka wani mutum malamin firamare ya rubuta masa suna Sani Garba. Da ya je yin katin ɗan ƙasa sai ya ce Muhammad Sani Abubakar, domin Garba laƙabin Abubakar ne, Sani kuma Muhammadu na biyu ne a gidansu. A ƙaramar hukuma kuma magatakarda ya ƙara masa sunan garinsu a ƙarshe. A wurin kowane Bahaushe waɗannan sunaye uku na mutum ɗaya ne, ba a kuwa yi ƙarya a ko ɗaya ba. Amma a wurin jami'in tantancewa mutum uku ne. Haka abin yake ga shekarun haihuwa. Da yawa daga cikin mutanen karkara ba a rubuta ranar haihuwarsu ba, sai dai a ce shekarar kaza da aka yi fari ko aka naɗa sarki wane. Shi ya sa ranar 1 ga Janairu ta yi yawa a takardun jama'a, kuma shekarar kan sauya daga wannan takarda zuwa waccan.

Tunda fom ɗin fasfo daga rumbun NIN yake ɗauko bayani, gyara daga can yake farawa, kuma yana da nasa kuɗin da nasa jiran. Idan kuwa kuskuren ya riga ya shiga cikin fasfo, to sai an nemi sauyin bayanai, wanda kan buƙaci rantsuwar kotu da sanarwa a jarida idan suna ne. Ɗalibin da ya samu gurbin karatu a Masar ko Malesiya, sunan takardar sakandarensa ya saɓa da na fasfonsa, yana iya rasa zangon karatu guda a kan harafi ɗaya.

3.3 Matakan Nema da Wuraren Zuwa

Tun daga ranar 8 ga Janairun 2024, lokacin da Ministan Cikin Gida Olubunmi Tunji-Ojo ya ƙaddamar da sabon tsari, mai nema kan cika fom a shafin hukumar na intanet, ya ɗora hotonsa da takardunsa da kansa, ya biya kuɗi ta nan, ya zaɓi ofishi da ranar da zai je. Abin da ya rage a ofis shi ne tantancewa da ɗaukar hoton fuska da na yatsu, wanda dole mai sabon nema ya je da ƙafarsa. Daga nan sai jiran saƙon zuwa karɓa.

Kowace jiha tana da ofishin fasfo a babban birninta, wasu kuma suna da fiye da ɗaya. A Kano akwai na Fam Santa da na Dawakin Kudu. An buɗe ƙananan ofisoshi a Zariya da Daura domin rage wa na Kaduna da Katsina cunkoso. A Abuja akwai na hedikwatar hukumar da ke Sauka a kan hanyar filin jirgin sama, da na Gwagwalada. A Legas akwai na Ikoyi da Festac da Ikeja. Ba dole ba ne mutum ya nema a jiharsa ta asali. Bazazzagin da ke kasuwanci a Legas yana iya yin nasa a can. Duk da haka, mutumin da ke ƙauyen kan iyaka a Yobe ko Sakkwato yana da tafiya a gabansa har sau biyu, ta ɗaukar hoto da ta karɓa.

Game da tsawon jira, a 2021 ma'aikatar ta sanar da wa'adin mako 6 ga sabon nema da mako 3 ga sabuntawa. Cika wannan alƙawari ya yi wuya, musamman saboda ƙarancin littattafan, har ta kai a 2023 an sami tarin buƙatu sama da 200,000 da ba a biya ba, waɗanda aka yi aikin gaggawa aka sallama a wannan shekarar. A watan Satumban 2025 kuma aka buɗe cibiya guda a Abuja domin buga fasfo, maimakon bugawa a ofisoshi daban-daban.

3.4 Kuɗin Fasfo

Kafin watan Satumban 2024, fasfo mai shafi 32 na shekara 5 yana kan N35,000, mai shafi 64 na shekara 10 kuma N70,000. Daga 1 ga Satumban 2024 suka koma N50,000 da N100,000. Daga 1 ga Satumban 2025 aka sake ninka su zuwa N100,000 da N200,000. Wannan ƙari bai shafi masu nema daga ƙasashen waje ba, waɗanda aka bar su a kan Dala 150 da Dala 230. Hujjar hukuma ita ce kiyaye ingancin littafin.

Akwai abubuwa biyu da za a lura da su a nan. Na farko, idan aka raba kuɗin bisa shekaru, ƙaramin da babban duk ɗaya suke: N7,000 a shekara a tsohon farashi, N10,000 a na 2024, N20,000 a na 2025. Ke nan ribar mai shekara 10, wanda baligai ake bai wa, ba a rahusa take ba. Tana cikin yawan shafuka ga ɗan kasuwar da biza ke cinye masa littafi, da hutun komawa layi, da kuma tsira daga ƙarin farashi. Wanda ya yi na shekara 10 a watan Agustan 2024 a kan N70,000 yana da littafi har 2034, alhali wanda ya jinkirta wata 13 sai da ya biya N100,000 a kan rabin wannan wa'adi.

Na biyu, mafi ƙarancin albashi da aka sa wa hannu a watan Yulin 2024 shi ne N70,000 a wata. Ke nan fasfo mafi araha ya zarce albashin wata guda na ƙaramin ma'aikaci. Magidanci mai mata ɗaya da 'ya'ya huɗu zai biya N600,000 kafin a zo maganar biza ko tikiti. Ga maniyyaci ma babu mafita, domin tun 2009 Saudiyya ta daina karɓar fasfon Hajji na musamman, ta koma neman fasfo na gama-gari. Idan aka tuna cewa kotu ta ɗaure fasfo da 'yancin fita, to tambayar ko farashi na iya tauye wannan 'yanci ga talaka tambaya ce da ta cancanci a yi ta.

Wannan kuwa kuɗin hukuma ne kawai. Akwai na mota, da na hoto, da na rantsuwar kotu, da ladan mai shagon intanet da zai cika wa wanda bai iya Ingilishi ba fom. Sai kuma dillalan da ke kewaye ofisoshin fasfo suna alƙawarin fito da littafi cikin 'yan kwanaki. Manufar tsarin 2024 ita ce a raba mai nema da irin waɗannan mutane, amma muddin fom ɗin na Ingilishi ne kuma a intanet yake, wanda bai yi boko ba sai ya miƙa takardunsa ga wani. Haɗarin bai tsaya ga asarar kuɗi ba. Dillalin da ke gaggawa shi ne kan ƙaga shekarar haihuwa ko ya kawo takardar asali ta jabu, kuma idan asiri ya tonu, wanda sunansa ke kan fom shi doka za ta kama.

3.5 Wa'adi da Sabuntawa

Ƙasashe da dama, har da Saudiyya, ba sa karɓar fasfon da ya rage ƙasa da wata 6 ya ƙare. Saboda haka littafin shekara 5 amfaninsa na haƙiƙa shekara 4 da rabi ne, kuma maniyyacin da fasfonsa zai ƙare jim kaɗan bayan Babbar Salla sai ya sabunta tun kafin Hukumar Alhazai ta fara karɓar littattafai domin neman biza.