Ƙasar Guddiri: Yadda Ƙabilu Suka Narke Suka Zama Jama'a Ɗaya

Duk wanda ya shiga kasuwar Azare ya kasa kunne zai ji Hausa ce ke tashi ta ko'ina, har ya zaci mutanen wurin asalinsu ɗaya ne. Alhali kuwa ƙasar Katagum mahaɗa ce, wadda Filani da Barebari da Hausawa da Karekare da Badawa suka daɗe suna cuɗanya a cikinta. Wannan cuɗanya ita ce ta haifi jama'ar da ake kira Guddirawa, kuma ita ce ta haɗiye waɗansu harsuna uku, har ba sauran mai magana da su.

Tun kafin jihadi akwai tsofaffin garuruwa masu sarauta a wannan yanki, watau Shira da Tashena, da kuma Auyo wadda yanzu take cikin Jihar Jigawa. Kowannensu yana da harshensa, kuma masana sun ce harsunan nan dangin na Badawa da Ngizimawa ne. Ƙasar tana tsakanin manyan dauloli biyu, Kano daga yamma, Barno daga gabas, amma inuwar Barno ta fi rufe ta. Shi ya sa ake danganta sunan Guddiri da wata tsohuwar magana mai nufin ƙaramar Barno.

Malam Zaki Da Tutar Shehu

Al'amura sun juya a farkon ƙarni na 19, sa'ad da Malam Ibrahim Zaki ya karɓo tuta daga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo. Ya ci Shira da Tashena, har ma ya shiga Birnin Gazargamu, hedkwatar Barno, ko da yake bai daɗe a ciki ba. Daga nan ne sarakunan gidansa suka sami laƙabin Sarkin Barno. Ya kafa garin Katagum a bakin kogi, ya rasu a 1814.

Shekara goma bayan rasuwarsa, a watan Janairu na 1824, Baturen nan Kyaftin Kilafatan ya sauka Katagum a kan hanyarsa daga Kukawa zuwa Sakkwato, zamanin Sarki Ɗankauwa. Abokin tafiyarsa, Likita Oudney, ya rasu a Murmur, kusa da garin. Kilafatan ya tarar da birni mai ganuwa da ƙofofi, ya kuma lura da cewa tun fitowarsa daga Barno, nan ne farkon inda ya ga ana ciniki da wuri. Wannan ƙaramar shaida ta nuna matsayin Katagum sarai: ƙofa ce wadda fatake ke bi su fita daga kasuwancin Barno su shiga na ƙasar Hausa.

Amma zaman bakin iyaka ba shi da sauƙi. Ba a jima ba Shehu Laminu na Barno ya kawo yaƙi ta wannan ƙasa, sai da Sarkin Bauci Yakubu ya fito ya tare shi. Wajen shekarun 1850 kuma Sarkin Haɗejiya Buhari, wanda ya yi wa Sakkwato tawaye, ya addabi ƙasar da hare-hare. Ita ma Katagum ta sha kai hari kan maƙwabtanta waɗanda ba su bi ta ba, ana kamo bayi ana zaunar da su a gonaki da gidajen manya. Ta haka yaƙi da bauta suka gauraya mutane, kamar yadda aure da fatauci da almajiranci suka gauraya su. Ɗan da aka haifa a gidan da uwa take da harshe dabam, uba yake da nasa dabam, sai ya tashi da Hausa, domin ita ce harshen kasuwa.

Daga Katagum Zuwa Azare

Turawan Ingila sun shigo a 1903. A 1916 aka ɗauke fadar Sarki daga tsohon garin Katagum aka mai da ita Azare, tafiyar kimanin mil 40 kudu, zamanin Sarki Abdulƙadir. A 1926 aka cire ƙasar daga Lardin Kano aka haɗa ta da Lardin Bauci, kana a 1976 ta shiga sabuwar Jihar Bauci. Da yake Azare tana kan babbar hanyar Kano zuwa Maiduguri, cinikin gyaɗa da auduga ya jawo mata baƙi daga nesa, gari ya bunƙasa. Abin mamaki, yau Azare ce hedkwatar Ƙaramar Hukumar Katagum, shi kuwa tsohon garin Katagum hedkwatar Ƙaramar Hukumar Zaki ne.

Sarki Umaru Faruƙu ya yi sarauta daga 1947 zuwa 1980, ɗansa Alhaji Muhammadu Kabir Umar ya gaje shi har zuwa rasuwarsa a 2017, sa'an nan aka naɗa Alhaji Umar Faruƙ na Biyu. A cikin waɗannan shekaru ilmin zamani ya kafu, ƙasar ta fitar da manyan ma'aikata irin su Alhaji Sule Katagum, wanda ya shugabanci Hukumar Ɗaukar Ma'aikata ta Tarayya, da Alhaji Aminu Saleh, wanda ya riƙe muƙamin Sakataren Gwamnatin Tarayya. Sai dai duk wannan ci gaba bai ceci Shiranci da Tashenanci da Auyakanci ba. Abin da ya rage daga cikinsu 'yan kalmomi ne da aka rubuta a takarda, da sunayen garuruwa.

Darasi Daga Meziko

Irin wannan narkewa ta faru a wata ƙasa mai nisa, watau Meziko, wadda take kudu da Amurka, inda masarar da ake gasawa a bakin titin Azare ta samo asali. A 1521 mayaƙan Sifen suka ci babban birnin daular Aztek, suka mallaki ƙasar shekara 300, har ta sami 'yancin kai a 1821. Auratayya tsakanin baƙi da 'yan ƙasa, da kuma bayin da aka kai daga Afirka, ta haifi sabuwar jama'a mai ruwa biyu, wadda ita ce mafi yawa a yau, harshen Sifen kuma ya rinjayi saura. Amma mutanen Meziko sun farga. A 2003 suka kafa doka wadda ta ɗaga harsunansu na asali zuwa matsayin harsunan ƙasa, kuma harshen Aztekawa har yanzu yana da masu magana da shi fiye da miliyan ɗaya.

A ƙasar Guddiri bakin alƙalami ya riga ya bushe game da harsuna ukun nan, amma akwai sauran abin ceto. Guddiranci, watau karin Hausar wannan yanki, yana ja da baya a gaban Hausar rediyo da ta littattafan makaranta. Dattawan da suka san tarihin zuriyoyi da kirarin garuruwa da ma'anar tsagar fuska suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya. Manyan littattafan da ake dogara da su kuwa, kamar tarihin da Fremantle ya buga a 1911 da nazarin Victor Low na 1972 a kan Gombe da Katagum da Haɗejiya, baƙi ne suka rubuta su, da Turanci.

Ga Kwalejin Ilmi ta Aminu Saleh a Azare, ga Jami'ar Sa'adu Zungur a Gadau. Ya kamata su da fadar Mai Martaba Sarki su haɗa kai, su tura ɗalibai Shira da Tashena da Cinade da Gamawa da tsohon garin Katagum, su ɗauki muryoyin tsofaffi, su rubuta abin da suka ji da Hausa domin jama'a su karanta. Da zafi-zafi akan bugi ƙarfe. In aka yi sakaci, wata rana jikokin Guddirawa za su nemi labarin kakanninsu su rasa mai ba su, kamar yadda yau ake neman mai jin Shiranci ba a samu.