Muryoyin Da Ke Kwance A Ƙasan Adaka

A gidaje da yawa na ƙasar Hausa akwai wata tsohuwar adaka da ba a cika buɗewa ba. A cikinta akan tarar da kaset-kaset: na walimar saukar Alƙur'ani, na ɗaurin aure, da kuma wasiƙar baka wadda wani ɗan'uwa ya aiko daga Makka ko Kumasi, a zamanin da wayar tarho sai a ofis. Sau da yawa mai muryar ya kwanta dama, kuma wannan ɗan zare shi kaɗai ya rage na lafazinsa.

Kamfanin Philips ne ya fito da kaset a 1963, JVC kuma ya kawo bidiyon VHS a 1976. Dukansu zare ne na roba da aka shafa wa garin ƙarfe mai maganaɗisu, watau a jikin garin nan sauti yake zaune. Zafin bazara yakan lauya zaren, laimar damina ta kawo fumfuna, ƙurar hunturu kuma ta kankare shi. Amma abin da ya fi waɗannan haɗari shi ne ƙarewar na'urorin da ke karanta shi. Kamfanin Funai na Japan, na ƙarshe a masu ƙera na'urar VHS, ya daina a 2016, kuma a 2019 hukumar UNESCO ta yi gargaɗi cewa lokacin kwafe irin waɗannan zarurruka ya kusa ƙurewa. Masu gyaran rediyo ma, galibinsu sun koma gyaran wayar hannu.

Aikin ceto ba ya son gaggawa. Da farko a ɓalle 'yan haƙoran da ke saman kaset, don kada a danna maɓallin ɗauka bisa kuskure a shafe muryar kaka. A juya zaren da biro a tabbatar bai manne ba, sa'an nan a gwada rakodar da kaset maras amfani, gama tsohuwar na'ura takan tauna zare. Bayan haka a haɗa ta da kwamfuta. Kaset mai minti 90 sai ya ci minti 90 cif kafin a kwafe shi.

A ajiye kwafi a wuri biyu aƙalla, domin waya takan ɓace, kada kuma a jefar da na asali. Sa'an nan a kunna wa tsofaffin gida su faɗi mai magana, da garin, da shekarar, a rubuta a takarda a haɗa da kaset ɗin.